Farin Jini a Matsayin Jari: Nazarin Jigo da Zubi a Wasan Kwaikwayon Death of a Salesman na Arthur Miller

1.0 Gabatarwa

A ranar 10 ga watan Fabrairu, 1949, aka fara gabatar da wasan kwaikwayon Arthur Miller mai suna Death of a Salesman a gidan wasa na Morosco da ke birnin Niyok na ƙasar Amurka. An nuna shi har sau 742 a wannan zango na farko, kuma a cikin shekarar ya sami lambar yabo ta Pulitzer da ta Tony. Wasan bai ƙunshi sarki ko jarumin yaƙi ba. Labari ne na wani dattijo mai yawon tallar hajar kamfani, wanda ƙarfinsa ya ƙare, kasuwarsa ta mutu, zaman gidansa kuma ya dagule. Duk da haka, masana adabi sun daɗe suna lissafa shi a sahun gaba na wasannin kwaikwayon da aka rubuta a ƙarni na 20.

Manufar wannan maƙala ita ce ta yi bayanin abin da ya ba wasan wannan matsayi. Za a yi ƙoƙarin nuna cewa ƙashin bayan wasan shi ne kuskuren da tauraronsa ya yi na ɗaukar farin jini a matsayin jari, har ya kai ga auna mutuncinsa da ma'aunin kasuwa. Haka kuma za a nuna yadda zubin wasan da tsarin dandamalinsa suka yi wa wannan jigo hidima.

2.0 Marubucin da Zamaninsa

An haifi Arthur Miller a birnin Niyok a shekarar 1915, ya rasu a shekarar 2005. Mahaifinsa Bayahude ne da ya yi ƙaura zuwa Amurka, ya kafa masana'antar ɗinka tufafin mata, ya yi arziki. Karayar tattalin arziki da ta auku a shekarar 1929 ta cinye dukiyar, har iyalin suka koma wani ɗan ƙaramin gida a unguwar Brooklyn. Ke nan tun Miller yana saurayi ya ga yadda magidanci kan wayi gari da wadata ya kai maraice da talauci, ya kuma ga yadda wannan sauyi kan taɓa girman uba a idon 'ya'yansa. Ya yi karatu a Jami'ar Michigan, inda ya kammala a 1938, sannan ya fara yin suna da wasansa All My Sons a 1947.

A shekarar 1948 ya rubuta wasan da ake nazari a nan, a cikin wani ɗan ɗaki da ya gina da hannunsa a garin Roxbury na jihar Connecticut. Shi da kansa ya bayyana cewa ya ɗebo wani ɓangare na halin tauraron daga wani ɗan'uwan iyayensa mai suna Manny Newman, wanda shi ma talla ce sana'arsa, kuma mutum ne mai yawan cika baki game da 'ya'yansa maza biyu. Wajibi ne a lura da lokacin da wasan ya fito. Shekara huɗu ke nan da ƙare Yaƙin Duniya na Biyu, tattalin arzikin Amurka yana bunƙasa, jama'a suna sayen gidaje da motoci da firji bisa tsarin biya kaɗan-kaɗan. A irin wannan yanayi ne aƙidar da ake kira Mafarkin Amurka ta yi ƙarfi, wato imanin cewa kowane mutum, ko ɗan wane ne, yana iya yin arziki idan ya dage. Tambayar da Miller ya jefa ita ce: to, wanda ya dage bai samu ba fa, ina matsayinsa?

3.0 Taƙaitaccen Labarin Wasan

An kasa wasan kashi biyu, sannan aka rufe shi da wata gajeriyar fitowa ta jana'iza. Abubuwan da ke cikin kashi biyun sun faru ne a cikin kimanin kwana guda.

Willy Loman, mai shekara 63, ya shafe fiye da shekara 30 yana yi wa kamfanin Wagner talla a jihohin arewa maso gabashin Amurka. Wasan ya buɗe da dawowarsa gida cikin dare, ɗauke da akwatunan samfur biyu, bayan ya kasa ci gaba da tuƙi domin hankalinsa yana gushewa a kan hanya. Matarsa Linda ta san abin da 'ya'yansu ba su sani ba: kamfani ya yanke masa albashi ya bar shi da la'ada kawai, kuma duk mako yana ranto dala 50 daga maƙwabcinsa Charley ya kawo gida a matsayin abin da ya samu. Ta kuma gano wata 'yar mesa ta roba da ya ɓoye kusa da bututun iskar gas, alamar yana tunanin halaka kansa.

'Ya'yan nasu biyu suna gida a wannan dare. Biff, mai shekara 34, ya yi fice a wasan ƙwallo lokacin yana makarantar sakandare, amma tun daga nan bai zauna a aiki ɗaya ba, sai yawon ƙwadago a gonaki da garken dabbobi a yammacin ƙasar. Happy, mai shekara 32, ƙaramin ma'aikaci ne a wani kanti, mai yawan neman mata da kambama matsayinsa.

Washegari kowa ya fita da buri. Willy ya je wurin Howard Wagner, ɗan tsohon maigidansa, yana roƙon a ba shi aikin zama a Niyok. Ya fara neman dala 65 a mako, ya sauko zuwa 50, ya sauko zuwa 40, daga ƙarshe aka sallame shi gaba ɗaya. Shi kuwa Biff ya je neman jari wurin Bill Oliver, wanda ya taɓa yi wa aiki. Ya jira awa shida, mutumin bai ko gane shi ba, sai ya sace masa alƙalami ya gudu. Da uban da 'ya'yan suka haɗu a gidan abinci da yamma, magana ta lalace, 'ya'yan suka bar shi shi kaɗai suka bi 'yan mata. Cikin dare aka yi fito-na-fito tsakanin Biff da mahaifinsa, wanda ya ƙare da Biff yana kuka a jikinsa. Willy ya fahimci cewa ɗansa yana ƙaunarsa, sai ya ɗauki mota ya je ya halaka kansa, da nufin Biff ya sami dala 20,000 na inshorar rayuwarsa. Babu wanda ya halarci jana'izarsa sai iyalinsa da Charley da ɗansa Bernard.

4.0 Sana'ar Tauraro da Matsalar Suna

Kafin a shiga warwarar jigo, ya kamata a tsaya a kan kalmar da ke cikin sunan wasan, domin fahimtar sana'ar ita ce mabuɗin fahimtar mutumin. Hausa tana da kalmomi da dama na masu ciniki, kuma kowace ta kama wani gefe ne kawai na aikin Willy. Farke yana tafiya mai nisa kamar yadda Willy yake yi, amma farke da dukiyarsa yake tafiya, riba da hasara nasa ne. Ɗan koli yana yawo da ƙananan kaya, su ma nasa ne. Dillali ya fi kusa, tun da shi ma ba shi da haja, bakinsa da sanin mutane su ne kayan aikinsa, ladansa kuma la'ada ce. Sai dai dillali mai zaman kansa ne, babu wanda zai wayi gari ya kore shi daga kasuwa. Willy kuwa yaron kamfani ne: yana kai samfur ga masu manyan kantuna, yana karɓar odarsu, kamfani ya aika da kaya. Saboda haka a nan za a riƙa kiransa dillalin kamfani.

Daga wannan bayani za a ga cewa mutum ne da ya haɗa wahalar farke da rashin tabbas na dillali, ba tare da dukiyar wancan ko 'yancin wannan ba. Wani abin lura kuma shi ne, daga farkon wasan har ƙarshensa marubucin bai taɓa faɗin irin kayan da ke cikin akwatunan nan biyu ba. Wannan shiru yana da ma'ana. Tun da ba a san hajar ba, abin da mai kallo yake gani ana tallatawa shi ne Willy kansa, wato fara'arsa da barkwancinsa da kwarjininsa. Ranar da waɗannan suka tsufa, ranar ce hajarsa ta yi kwantai.

5.0 Warwarar Jigo

5.1 Farin Jini da Ma'aunin Kasuwa

Aƙidar Willy a taƙaice ita ce, mutumin da jama'a suke so ba zai taɓa rasa ba. A ganinsa ilimi da ƙwarewa da haƙurin koyo duk suna bayan farin jini. Ya samo wannan aƙida daga wani tsohon dillali mai suna Dave Singleman, wanda yana da shekara 84 yana zaune a ɗakin otal yana ciniki ta wayar tarho, kuma da ya mutu ɗaruruwan abokan sana'a suka halarci jana'izarsa. Wannan jana'iza ita ce burin Willy. Idan aka kwatanta ta da tasa jana'izar, wadda mutane ƙalilan suka tsaya a kanta, za a ga irin zurfin habaicin da ke cikin sunan wasan.

Hausa tana bambanta farin jini da mutunci, kuma wannan bambanci yana taimakawa ƙwarai wajen karanta wasan. Farin jini abu ne da ke hannun wasu, su bayar yau su janye gobe. Mutunci kuwa yana tare da halin mutum da riƙon amanarsa, ko ana yayinsa ko an daina. Willy ya gwama biyun, ya ɗauka cewa adadin odar da ya samu shi ne adadin son da ake yi masa, adadin son kuma shi ne darajarsa ta ɗan Adam. Don haka da ciniki ya ja baya, sai ya ji kamar shi kansa ne ya ƙare.

Fitowar ofishin Howard ita ce ta fi fito da wannan a fili. Willy ya shiga da hujjojin zumunci: tsawon shekarun da ya yi, da alkawuran da marigayi mahaifin Howard ya yi masa, da sanin da ya yi wa Howard tun yana jariri. Howard kuwa hankalinsa yana kan sabuwar rakodar da ya saya, yana kunna muryoyin 'ya'yansa cikin murna. Marubucin bai siffanta shi a matsayin azzalumi mai mugun nufi ba. Mutum ne mai son iyalinsa, wanda kawai ya duba lissafi ya ga dattijon ba ya kawo riba. Harshen zumunci da harshen lissafi ne suka haɗu a ɗaki ɗaya, kowane bai ji ɗan'uwansa ba.

Akwai wasu hanyoyi biyu da wasan ya ajiye a gefen ta Willy domin kwatance. Ta farko ita ce ta yayansa Ben, wanda ya shiga dazuzzukan Afirka yana da shekara 17, ya fito yana da 21 da arzikin lu'ulu'u. Afirka a bakin Ben wuri ne kawai da mai ƙarfi kan shiga ya kwaso rabonsa, kuma wasan bai taɓa bayyana yadda aka tara dukiyar ba. Ta biyu ita ce ta Charley da ɗansa Bernard, waɗanda Willy ya raina domin ba su da kwarjini. Bernard, ɗan makarantar da yake ɗaukar wa Biff kayan wasa, shi ne ya zama lauyan da zai gabatar da shari'a a gaban Kotun Ƙoli ta Amurka. Charley ya yi wa Willy tayin aiki fiye da sau ɗaya, shi kuwa ya ƙi, alhali yana karɓar rance daga hannunsa. Karɓar rance yana barinsa ya ci gaba da riya cewa matsalar ta ɗan lokaci ce, amma karɓar aiki amincewa ce da cewa wanda ya raina ya fi shi. Hausawa sun ce girman kai rawanin tsiya.

5.2 Uba da 'Ya'ya

Aƙidar da ta karya Willy a kasuwa ita ce ya shuka a gida. Lokacin da Biff yana yaro ya ɗauko ƙwallo daga makaranta ba da izini ba, uban ya yi dariya ya yaba wa ƙwazonsa. Da Bernard ya yi kashedin cewa Biff zai faɗi jarrabawar lissafi, sai aka yi masa ba'a. Sakamakon haka Biff ya girma da hannun ɗauka, har ya yi wata uku a gidan yari saboda satar kwat, kuma ya kasa jure zama a ƙarƙashin kowa domin an cusa masa cewa shi na musamman ne.

Sai dai asalin ɓarakar da ke tsakaninsu wani sirri ne da marubucin ya jinkirta tonawa har kusa da ƙarshen wasan. Bayan Biff ya faɗi lissafi, ya bi mahaifinsa har birnin Boston domin ya roƙi malamin a madadinsa, sai ya iske shi a ɗakin otal da wata mace, har ya ba ta sababbin safa, alhali Linda tana gida tana ɗinke tsofaffi. Daga wannan rana Biff ya watsar da karatu, ya rasa gurbin jami'a. Abin da ya rushe a ɗakin nan ya wuce amanar aure, domin yaron ya gina dukkan rayuwarsa ne a kan maganar ubansa, kuma ya ga cewa mai maganar ba abin dogara ba ne.

A daren ƙarshe, Biff ne kaɗai ya yarda cewa ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ya ajiye mesar roba a gaban mahaifinsa, ya bayyana cewa gidan ya daɗe yana rayuwa a kan ƙarya, kuma daga shi har uban mutane ne gama-gari. Wannan magana kyauta ce, domin tana sauke wa kowa kayan da bai iya ɗauka. Willy bai karɓe ta a haka ba. Ya ga ƙaunar, amma nan take ya mayar da ita lissafi, ya ga cewa idan ya mutu ya fi daraja a kan yana raye. Mutuwarsa ita ce cinikinsa na ƙarshe, kuma ko shi ba a tabbatar ya faɗa ba, tun da wasan ya nuna yiwuwar kamfanin inshora ya ƙi biya.

Matsayin Linda ya jawo saɓanin manazarta. Wasu suna ganinta ginshiƙin gida, wadda ta tsaya ta tsawata wa 'ya'yanta cewa mahaifinsu, ko da bai yi suna ba, ɗan Adam ne da ya cancanci a kula da shi. Wasu kuma suna ganin rufa asirin da ta yi ta yi ya taimaka wa ruɗin ya daɗe. Duka biyun suna da hujja a cikin wasan. A bakin kabari ta sanar da cewa a ranar ce ta biya kason ƙarshe na bashin gidan, bayan shekara 25, ga shi kuwa babu mai zama a ciki. Happy ya yi alwashin ci gaba da burin uban, abin da ke nuna cewa ruɗin bai mutu tare da mai shi ba.

6.0 Zubi da Salo

Sunan da Miller ya fara raɗa wa wasan shi ne The Inside of His Head, wato cikin kansa, kuma wannan suna yana bayyana zubin. Abin da ya wuce yana kutsowa cikin abin da ke faruwa ba tare da an sauke labule ba. Wannan ya bambanta da salon waiwaye na al'ada, inda marubuci kan tsayar da labari ya koma baya domin ya ba da bayani. A nan Willy ne ake ja baya ba da son ransa ba, duk lokacin da wata kalma ko wani sauti ya taɓa masa miki. Alal misali, yana karta da Charley yana kuma amsa wa Ben wanda ya riga ya mutu, har Charley ya rikice ya tashi. Bugu da ƙari, tun da ta idon Willy ake ganin jiya, mai kallo ba shi da tabbacin cewa jiyan ta yi kyau kamar yadda ake nuna ta.

Elia Kazan, wanda ya shirya wasan a 1949, da Jo Mielziner, wanda ya tsara dandamali, sun fitar da wannan ta hanyar gina ƙwarangwal ɗin gida wanda ake hango cikinsa, dogayen benaye sun kewaye shi. Idan ana cikin yau, 'yan wasa suna bi ta ƙofa. Idan aka koma jiya, sai su ratsa ta inda bango ya kamata ya kasance. Da haka mai kallo yake gane zamanin da yake ciki ba tare da an gaya masa ba.

Alamomin wasan su ma jigon suke ƙarfafawa. Sautin sarewa da ake buɗewa da rufewa da shi yana tuna da mahaifin Willy, wanda yake sassaƙa sarewa da hannunsa ya sayar, wato mai sayar da abin da ya ƙera. Willy ma gwanin aikin hannu ne, shi ya yi wa gidansa rufi da dakali, amma ya raina wannan baiwa. Firji da mota da ke lalacewa kafin a gama biyan kuɗinsu hoton rayuwarsa ne. Sannan ga irin da ya fita shukawa cikin dare a bayan gida, inda benaye suka tare rana, ƙoƙari ne na mutumin da ya ga lokaci ya ƙure bai bar komai a ƙasa ba.

7.0 Talaka a Matsayin Tauraron Wasan Ban Tausayi

Tun daga zamanin Aristotul, ra'ayin da ya yi rinjaye shi ne tauraron wasan ban tausayi ya kasance mai babban matsayi, domin faɗuwa daga sama ita ce ke girgiza zuciya. A kan wannan turba Shakespeare ya gina manyan wasanninsa, kuma a Nijeriya ma ana ganinta a The Gods Are Not to Blame na Ola Rotimi, inda sarki ne yake faɗuwa. Saboda haka wasu masu sharhi suka ce Willy bai kai wannan matsayi ba, musamman da yake ya mutu bai gane kuskurensa ba.

Miller ya mayar da martani a cikin wata maƙala mai suna Tragedy and the Common Man, wadda jaridar New York Times ta buga a watan Fabrairu na 1949. Hujjarsa ita ce, abin da ke haifar da ban tausayi shi ne mutum ya kasance a shirye yake ya ba da ransa domin kare darajarsa, kuma wannan bai keɓanta ga masu sarauta ba. Ana iya ƙarawa da cewa ganewar da aka ce Willy bai samu ba, marubucin ya mayar da ita ga Biff, daga nan kuma ga mai kallo.

Tarihin wasan ya goyi bayan Miller. A 1983 ya shirya shi da kansa a birnin Beijin na ƙasar Sin, inda Ying Ruocheng ya fassara shi ya kuma fito a matsayin Willy, a ƙasar da a lokacin ba ta saba da irin wannan sana'a ba, amma ya sami karɓuwa. A 2016 Asghar Farhadi na Iran ya saka shi a cikin fim ɗinsa The Salesman. A 2019 a Landan, sannan a 2022 a Niyok, Wendell Pierce ya fito a matsayin Willy a wani shiri da aka mayar da iyalin Loman baƙaƙen fata, abin da ya ƙara wa fitowar ofishin Howard wani nauyi na daban.

8.0 Kammalawa

Wannan maƙala ta yi ƙoƙarin nuna cewa Death of a Salesman ya ginu ne a kan kuskure guda, wato gwama farin jini da mutunci, da kuma barin kasuwa ta yanke wa mutum farashi. An ga yadda wannan kuskure ya bi Willy Loman daga ofis zuwa gida, ya ɓata tarbiyyar 'ya'yansa, ya hana shi karɓar taimakon maƙwabci, ya kuma sa ya fassara ƙaunar ɗansa da adadin kuɗin inshora. An kuma ga yadda zubin wasan, mai gwama jiya da yau a dandamali ɗaya, ya sa mai kallo cikin kan tauraron. Marubucin bai ɗora laifin a kan mutum ɗaya ba: tsarin da ke yar da ma'aikaci idan ya tsufa yana da nasa kason, shi ma wanda ya yi imani da tsarin fiye da masu shi yana da nasa. Ga manazarcin harsuna kuwa, wasan ya bar aiki a buɗe, domin duk wanda zai mayar da shi cikin wani harshe na Nijeriya, dole ya fara da warware yadda harshen nan yake kiran mutumin da ba shi da haja sai kansa.